Huda ta Biyar

Surukina ya yi shekara talatin da ɗaya yana wanke kwalabe a ɗakin gwaje-gwajen wata sakandare. Bai taɓa riƙe alli ba, amma ya sha jin darasi yana goge tebur har ya fi malaman haddacewa. Ɗalibai na ce masa Baba Huɗu, saboda wani akwatin ƙwallayen katako da ake sossoka wa tsinke a nuna yadda sinadarai ke haɗuwa. Fararen huda ɗaya gare su, jajayen biyu, baƙaƙen kuwa, wato kabon, huɗu cif. Duk ɗalibin da ya ɗauko ƙusa zai ƙara ta biyar, tsintsiya ce rabonsa.

"Kabon mutumin kirki ne," in ji shi. "Elektron huɗu gare shi a waje, takwas yake nema. Ba ya roƙo, ba ya kyauta, sai dai a haɗa hannu kowa ya amfana. Amma fa hannu huɗu ne, ba ƙari."

Abin haushin, haka ya ɗauki kansa. Satina biyu da auren ɗansa na kai masa abinci, na ce, "Baba, ai yanzu kun samu 'ya."

Ya ƙirga a yatsu. "Uwar mijinki, ɗaya. Mijinki, biyu. Abokina wanzami, uku. Kekena, huɗu. Wuri ya cika, yarinya."

Keke! Jama'a, keken da ko birki babu! Wallahi abin ya ci mini rai. Ni da na tashi ba uba, na zo da zumuɗina, ƙarfe ya riga ni.

"Kada ki damu," ya ce. "Kina riƙe da mijinki, shi yana riƙe da ni. Haka kabon ke yin sarƙa."

Ni ba sarƙa nake so ba. Shekara tara ina wanke masa hula, ina tuna masa maganin hawan jini. Ranar da aka sace keken, Allah ya yafe mini, har da 'yar rawata a kicin. Kwana uku sai ga shi da rediyo a hammata, wai gurbi ba ya zama haka nan. Na yi wata guda ina gaishe shi a tsaye.

Da ya yi ritaya, makarantar ta bar masa akwatin. Bara ciwon ƙafa ya kwantar da shi, kullum ni ce ɗauko wannan, miƙo wancan. Wata safiya na ji ƙwas-ƙwas daga ɗakinsa, na shiga da faɗa, na ce likita ya hana shi wahala. Ya ɓoye ƙusa a ƙarƙashin filo, ya danƙa mini baƙar ƙwallo. Na juya ta ina ƙirgawa. Huɗu sumul, ta biyar a karkace, har katakon ya tsage.

"Wannan babu shi a kimiyya," ya ce, yana kallon bango. "Kada ki nuna wa malamai."

Na fito na zauna a bakin ƙofa, na yi ta kuka har shayin da na haɗa masa ya huce.