Katifar Mai Agogo

Ni na raɗa masa suna Kwana Uku, kuma har ya bar benen nan bai taɓa ƙin amsawa ba. Ranar da ya zo na ci karo da shi a matakala, jaka ɗaya a kafaɗa, ɗan akwatin katako a hammata, yana haki. Na ce, "Baƙo, ina aka nufa?" Ya nuna ƙofar da ke kallon tawa a hawa na uku, ya ce wurin ƙaninsa ya zo, kwana uku zai yi ya wuce. Shekara tara ya yi.

Gyaran agogo ne sana'arsa. Ya haura shekara talatin a bayan wani ɗan tebur mai gilashi a bakin tashar mota, ido ɗaya a rufe, ɗayan a cikin gilashin ƙara girma, har fuskarsa ta karkace a haka. Sai aka wayi gari kowa a waya yake duba lokaci. Matarsa ta rasu, ba su haihu ba, ɗakin da yake haya kuma hanya ta bi ta kansa. Abin da ya rage masa a duniya shi ne ƙanin nan, wanda ya riƙe tun yana da majina ya sa shi makaranta. Manaja muke ce wa ƙanin. Manajan mene ne, ban taɓa ganewa ba, na dai san yana da tumbi da tarin makullai. Matarsa Malama tana koyarwa, 'ya'yansu uku duk mata, ɗakunan kwana biyu. Ba mugaye ba ne, kada wani ya ce na ce. Mutane ne masu ɗaki biyu.

Suna da wata katifar iska shuɗiya da suke ajiye wa baƙi, ita aka fito masa da ita. Idan kowa ya shige ɗaki sai ya ture teburin tsakiya, ya shimfiɗa ta a falo, ya taka famfon ƙafa har ta tashi. Da asuba, tun kafin a ji motsin kowa, ya zare toshiyar, ya danne ta da gwiwa iskar ta fita, ya ninka ta takwas ya cusa a bayan doguwar kujera. Ka shiga falon nan da ƙarfe bakwai, ka rantse ko kyanwa ba ta kwana a ciki ba.

A shekara ta biyu ta fara sacewa. Wata rana da hantsi, bayan duk sun watse aiki da makaranta, na ji ana ƙwanƙwasa mini ƙofa a hankali kamar mai neman gafara. Na buɗe, ga shi rungume da katifa.

"Kwana Uku, a shekaruna za ka kawo mini katifa har ɗaki da rana tsaka? Ai sai ka fara aiko da manyanka."

Ya sunkuyar da kai, kunnuwansa kamar za su kama da wuta. "Iya, babban bahonki nake so ki ara mini. Da ɗan garin sabulu."

"Can gidan ba ruwa ne?"

"Za a ga jiƙa a ƙasa."

Shekara talatin na yi ina wanki da guga a otal, na ga abin da manyan mutane ke bari a zanen gado, ba abin da ke ba ni mamaki. Amma irin aikin da bawan Allahn nan ya yi wa katifar roba a banɗakina, na tsaya na kalla. Ya hura ta dam, ya jingina da bango, ya kaɗa sabulu ya yi kumfa, ya riƙa bin ta da soso taki bayan taki, bai tsallake ko faɗin farce ba. Ya fara da bakin toshiya, ya bi ɗinkin gefe, sannan ciki. Inda ya yi zargi sai ya lashi leɓensa ya kai kusa, wai leɓe ya fi kunne jin iska. Can sai ga wata 'yar kumfa tana kumbura, tana fashewa, tana sake kumbura. Ya maƙala gilashinsa a ido ya duƙa.

"Ga ta. Ba ta kai kan allura ba."

"Wannan ɗigon ne ke sauke ka ƙasa?"

"Kafin gari ya waye ƙuguna ya taɓa tayil."

Ya zagaye wurin da biro, ya sace iskar, ya goge, ya jira ta bushe ƙarau. Saman katifar mai laushi ne kamar karammiski, gam ba ya kama shi, don haka ya kankare gashin da sanfefa har roba ta fito sumul. Ya yanko faci daga wata tsohuwar rigar ruwa tawa, ya yanka shi kewayayye kamar kwabo, wai mai kusurwa ta kusurwar yake ɓanɓarewa. Ya shafa gam ɗin sholisho nan da can, ya jira ya daina kama yatsa, ya ɗauki facin da hantsakin agogo ya ɗora, ya murje da bayan cokali, ya danne da dutsen gugana. Sannan ya rubuta kwanan wata ƙanana a gefen facin. Na tambaye shi na mene. Ya ce haka suke yi a cikin murfin agogo, don wanda zai buɗe bayanka ya san yaushe aka taɓa shi.

"Wa zai buɗe bayanka, Kwana Uku? Kai ne na ƙarshe a layin."

Ya yi dariya. Dariyarsa ba sauti, kafaɗa kawai.

Awa shida ake jira, don haka muka sha shayi. Haka muka saba. Duk wata biyu ko uku sai ga shi da katifa, ni da baho. Rigar ruwan ta ƙare muka koma ledar tebur mai furanni, har katifar ta zama kamar zanen mahaukaciya. A wani zaman na ce masa, "Kai yanzu ba ka da bakin da za ka ce wa Manaja ya sayo maka katifar soso? Ba kai ka goya shi ba?"

Ya juya kofin a hannunsa. "A ina za a ajiye ta? Ta soso ba ta ninkuwa. Ranar da aka ce za a sayo, sai an zauna an ce ina za a sa ta. In an fara wannan maganar, Iya, ba a kan katifa za ta tsaya ba."

"Sai a kan wa?"

"Muddin ina naɗe ta da safe, baƙo ne ni da bai tafi ba tukuna. Ba wanda ya ce zauna, ba wanda ya ce tafi. Ki bar ni a haka."

Kuma ya iya zama a haka. Ya san lokacin da zai ɓace a baranda in Malama ta yi baƙi, ya san cokali nawa zai ci ya ce ya ƙoshi. Shi ke gyara famfo mai ɗiga da ƙofar da ke kuka. Amma da yamma, in an kunna talabijin, yana nan a kan 'yar kujera a lungu, 'yan matan suna faɗa a kan rimot, ƙaramar tana jingine da ƙafarsa. Wannan awa biyun yake rayuwa dominsu. Shi bai faɗa ba, ni na gani.

A shekara ta tara, farkon sanyi, ya zo da fuska wani iri. Ya hura katifar a gabana. Tsakiyarta ta yi wani ƙaton doro. Ashe a ciki akwai shamakai da ke riƙe sama da ƙasa, biyu sun tsinke. Muna tsaye muna kallo sai ɗinkin gefe ya yage, tsawon tafin hannu, ta yi wani dogon huci ta kwanta. Sau uku ya liƙe, sau uku tana buɗewa. Robar ta tsufa, da an kama nan sai can ta saki. Ya cire gilashin daga idonsa ya mayar akwati.

Na ce zan sayo masa sabuwa, bai fi ƙarfina ba. Ya ce za a ga launi ya sake, a tambayi daga ina, Manaja ya ji kunya a ce maƙwabciya ce ta saya wa yayansa makwanci. Na ce to ya hau doguwar kujera. Ya ce tun shekarar farko Malama ta faɗa, cikin ladabi, kujera tana lotsawa in ana kwana a kanta.

"To yaya za ka yi?"

"Yadda nake yi. Ki rantse ba za ki faɗa ba."

Na rantse. Ni kuwa rantsuwata ko mijina marigayi bai taɓa jingina da ita ba.

Wata huɗu yana haka. In sun shige ɗaki sai ya shimfiɗa matacciyar robar a kan tayil, ya taka famfo sau ɗari biyu kamar kullum don su ji sautin ta bayan ƙofa, iskar tana shiga ta nan tana fita ta can, sannan ya kwanta. Dattijo mai shekara saba'in ba kaɗan, ƙashi da fata, a kan tayil, a cikin sanyi. Ya fara ɗingishi. Tari ya kama shi, irin mai fitowa daga can ƙasa, yana danne shi da tawul don kada ya dami masu gida. Na ba shi bargo, ya karɓa da sharaɗin zai riƙa dawo mini da shi kowace safiya.

Wata Asabar ina saukowa da bokitin shara, sai ga Manaja da leburori biyu suna hawo da ƙatuwar talabijin a kwali, ta kai faɗin ƙofa. Matan hawa na biyu duk sun leƙo. Yana ta fara'a.

"Iya, a matsa mana kada a buge ki."

Da na matsa na yi shiru, da yanzu wani labarin nake bayarwa.

"Sannu Manaja. Kwalin nan kada ka yar. Ka ba yayanka ya shimfiɗa, ya fi tayil ɗumi."

"Wane tayil?"

"Wanda yake kwana a kai wata huɗu. Katifar ta mutu tun farkon sanyi. Tumbinka ne ya tare maka gani, ko tarin ma ba ka ji?"

Na ga fuskar Manaja ta zube. Bai zage ni ba, da ma ya zaga. Ya haura da gudu, na ji an ja kujera, na ji ƙarar robar da aka warware. Sai na jiyo muryarsa: "Yaya, me na yi maka? Me na yi maka da za ka yi mini haka?" Kuka yake yi, na gaske. Na koma ɗaki ina jin kaina kamar wadda ta yi aikin lada.

Washegari suka zauna, shi da Malama, suka rufe ƙofa. Aka fara da katifa. Daga nan aka ce ina za a sa ta. Aka ce 'yan mata sun girma, babbar ba ta iya fitowa falo yadda take so. Aka ce likita ya ce huhunsa na son hutu, hawa uku kuma ya yi wa ƙugunsa yawa. Ba wanda ya faɗi ƙarya ko ɗaya. A bayan sito na kamfanin su Manaja, can ƙarshen gari, akwai wani ɗaki da ba kowa. Aka yi masa fenti, aka sa gadon ƙarfe da katifar soso mai kauri, da fanka, da labule sabo. Manaja ya zo da kansa ya nuna mini hoton a waya. "Ɗakinsa na kansa, Iya. Ba mai tashinsa."

Ranar tafiya na tsaya a bakin ƙofata. Kwana Uku ya fito da jakarsa, ya tsaya ya dube ni da karkatacciyar fuskar nan.

"Iya, kin yi magana."

"Na yi."

"To." Ya gyara jakar. "Na gode da baho."

Ya sauka yana dafa bango, Manaja na biye da shi yana cewa a hankali, Yaya, a hankali.

Sau ɗaya na je. Mota biyu na shiga, sannan na taka a ƙasa tsakanin dogayen katangu da manyan motocin kaya. Ƙarfe sha biyun rana na same shi kwance, mutumin da rana ba ta taɓa fito masa a kwance ba. Ɗakin tsaf, ba abin da ya lalace balle ya gyara. Abinci kuwa wata mai shago ce ke aiko masa sau biyu a rana ta ƙaramar ƙofar baya, a ajiye a taga. Leburorin sito suna tashi ƙarfe biyar, daga yammacin Juma'a kuma a kulle babbar ƙofa sai Litinin. Ya ce mini Manaja yana zuwa in ya samu sarari. Tarin ya yi sauƙi. Na yi ta tsokanarsa, na ce ya zama mai gida, saura amarya, in yana so ga ni. Kafaɗarsa ba ta motsa ba. Ya tambaye ni ko 'yan matan suna cigiyarsa. Na ce kullum. Ƙaramar ce kawai ta taɓa tambaya, sau biyu.

Bai cika wata biyar a ɗakin ba. Ran wata Litinin mai share harabar sito ya ga kwanon abinci uku a jere a taga ba a taɓa ba, ya tura ƙofa. Likita ya ce tun Asabar ya rasu.

Na shiga yi musu gaisuwa. Falon cike da mutane, Malama idanunta sun kumbura. Manaja ya taso ya durƙusa a gabana, ya rame, ya kama hannuna da hannu biyu.

"Iya, abu ɗaya ke sanyaya mini rai. A kan gado ya cika, a kan katifa mai kyau, ba a ƙasa ba. Ba don ke ba da ban sani ba. Allah ya saka miki."

Na duba fuskarsa ko gatse yake yi. Har zuciyarsa yake faɗa. Mutane suka amsa da amin, suka juyo suna kallona, ni ma na ce amin.