Kilen Idrissa

Idrissa mai zanen gida bai taɓa mallakar biro, wato ofis na kansa, ba. Abin sana'arsa duka bai fi ɗan yatsa ba: kile ce ta ajiyar bayanai da ake soka wa ordinater, wato kwamfuta, a cikinta akwai tsohon lojisiyel, manhajar zana gini. Wani abokin aikinsa ne ya zuba masa tun suna Anu Araren. Duk injin da aka soka wa ita, sai lojisiyel ɗin ya farka. Da ita ya zana shagunan bakin tasha, yana yawo shagunan intanet, daga siber zuwa siber, yana aron inji kamar mai aron tabarma. Sababbin lojisiyel sun fi ƙarfin idonsa. Wannan kuwa yatsunsa sun haddace shi.

Sai dai tsufa ya zo da mantuwa. Yau ya bar ta wajen mai shayi, gobe a aljihun rigar wanki. Matarsa Habsatu ta gaji da nema. Ran nan yana barcin rana ta kai wa Lukumanu baduku.

"Ta maigida ce, abincinmu na cikinta. A yi mata gidan ratayawa."

Lukumanu ya tsufa yana ɗinkin layu, kuma ba a tambayar abin da ke cikin laya. Ya naɗe ta da jar fata, ya ɗinke ko'ina ruf, ya ɗora bisa dutse ya bubbuga don ta kwanta.

"Malam, miƙo wuya," in ji Habsatu, fuskarta fal murna. "In ka sake ɓatar da ita, sai dai in da kanka ka ɓata."

Washegari, a siber ɗin Souwaiba, Idrissa ya farke ɗinkin da reza. Kilen ta fito a lanƙwashe. Aka soka, aka sake sokawa. Shiru.

"Baba, ta mutu fa," in ji Souwaiba. "Ba ka ajiye wata ba?"

"Wanda ya ba ni ita ma ya riga ta."

Ya daɗe zaune. Ga wani ɗan Bilma na jiran zanen rumbun dabino. Ya tashi a hankali, ya biya wajen Lukumanu aka mayar da ɗinkin, ya sayi kireyo, fensirin zane, da farar takarda.

A gida Habsatu ta dubi wuyansa. "Ka gani? Yau ba ta ɓata ba."

"Ba ta ɓata ba," ya ce.

Ya shimfiɗa takardar a inuwar katanga, ya sunkuya har hancinsa ya kusa taɓa ta, ya fara jan layi.