Jirgin da Boeta Nazeem Ya Gina a Tsakar Gida

Duk unguwar Hangberg ba wanda bai san Boeta Nazeem Kamish ba, wato Yaya Nazeem a yarensu. Ko ba ka gan shi ba, warin gam zai gaya maka ya wuce. Tun yana saurayi yake aiki a wani garejin ƙera jiragen ruwa da ke bakin tashar Hout Bay, inda ake shimfiɗa ƙyallen faiba cikin mazubi, a jiƙa shi da gam, a bi da burushi, a ƙara wani a kai, har ya bushe ya zama jikin jirgi. Ƙurar faiba ta shiga fatarsa, kullum cikin susa yake. Ya ƙera jirage da yawa, masu hali suka hau suka tafi ƙasashen da bai taɓa gani ba, shi kuwa iyakarsa bakin tasha.

Matarsa Antie Galiema mace ce mai baki, amma ba ta da riƙo. 'Ya'yansu biyu, Shamiela da ta yi aure a Mitchells Plain, da Riedewaan, dogon yaro wanda sai ya sunkuya yake shiga ƙofar gidansu. Riedewaan kamun kifi yake yi. Wata safiya cikin hunturu suka fita neman kifin snoek a wani tsohon jirgin katako, igiyar ruwa ta kifar da su bayan tsaunin da ke gadin bakin teku. An tsamo mutum biyu da rai. Riedewaan ba a ga ko hularsa ba.

Nazeem bai yi kuka a gaban mutane ba. Bayan an share makoki ya koma aiki. Ana nan sai aka fitar da wani tsohon mazubi za a fasa, na ƙaramin jirgi mai tafiya da iska, wanda bai fi ƙafa ashirin da 'yan kai ba. Ya roƙa aka bar masa. Aka ɗauko shi a akori-kura, aka sauke a gefen gidansa, can saman tudu, inda Galiema take shanya.

"To, Annabi Nuhu, yaushe za a fara ruwan?" in ji Oom Sakkie, wato Kawu Sakkie, amininsa, tsohon matuƙin jirgin kifi da gwiwa ta zaunar da shi. "Ka ajiye mini wuri kusa da awaki."

"Kai ai da birai zan haɗa ka," in ji Nazeem, bai ko ɗago ba.

Kowace Asabar da Lahadi yana cikin mazubin nan. Inda aka saba shimfiɗa ƙyalle kaɗan, shi sai ya ninka. Ya cusa soso mai tauri a goshin jirgin da ƙarƙashin gadaje, don ko ya huje kada ya nutse. Ya bi gareji-gareji yana tattara darmar da ake maƙala wa tayar mota, ya narka, ya zuba a cikin dogon harshen da ke ƙarƙashin jirgin, yadda ko iska ta kwantar da shi nauyin zai miƙar da shi. A wurin zaman matuƙi ya yi manyan ramuka biyu, ruwan da ya faɗo ya fice da kansa. Tagogi ƙanana ya yi, ƙofar ɗakin ma 'yar ƙarama, mai marfi da ke kulluwa gam. Ko'ina ka miƙa hannu akwai abin kamawa.

Oom Sakkie ya zagaya jirgin yana dogara sanda, ya ƙwanƙwasa jikinsa.

"Nazeem, wannan ba jirgi ba ne, rijiya ce ka kifa. Ya yi nauyi. Saniya mai ciki za ta riga shi isa."

"Wa ya ce maka tsere zan yi?"

"To ina za ka?"

Nazeem ya ci gaba da goge-gogensa.

Galiema ba ta taɓa leƙa cikin jirgin ba. Tun rasuwar ɗanta ta juya kujerarta ta ba wa teku baya. Amma wata rana da rana ta kai masa shayi, ta kira bai ji ba, sai ta hau tsanin ta leƙa. Ɗan ɗaki ne tsaf. Ga wurin risho da aka rataye yadda ko jirgi ya karkata tukunya ba za ta zube ba, ga gado a dama daidai tsayin Nazeem, ga na hagu gajere daidai ita. Can gaba kuma ga wani na uku, dogo, har sai da aka yanke bangon ma'ajiyar kaya don ƙafa ta samu wurin miƙewa.

Ta daɗe tana kallon gadon.

"Wannan na waye?"

"Gado ne kawai, Liema."

"Kada ka mai da ni yarinya. A gidan nan wa ke da wannan tsayin?"

Ya ajiye abin gugar.

"Da a irin wannan ya fita," ya ce, "da ya dawo."

"Amma bai dawo ba! Ka ji ko? Bai dawo ba, kai kuma kana nan kana shaƙar guba kana yi wa matacce gado. Ni fa? Ni da nake raye wa zai zauna da ni?"

Ta dire kofin ta sauka. Suka yi kwanaki ba mai ce wa wani komai sai abin da ya zama dole.

Tarin da yake yi kuwa ya daɗe, shi ne dai yake cewa sanyi ne. Da Shamiela ta matsa aka je asibiti, likita ya ce huhun ya riga ya lalace, a daina aiki. Nazeem ya daina zuwa gareji, amma bai daina hawa tsani ba. Sai dai yanzu yakan huta a tsakiya. Abokan aikinsa suka samo masa tsohuwar sandar jirgi da ƙyallen iska na hannu, suka zo suka ƙarasa abin da ya gagare shi. Ranar da za a saka jirgin a ruwa, mazan unguwa suka taru da igiyoyi suka gangaro da shi a tirela, mata na guɗa daga tagogi. Galiema ta rufe labulenta.

Da jirgin ya zauna a kan ruwa, Oom Sakkie ya kama sandar tuƙi, suka ɗan zaga cikin tasha. Ya dawo yana cewa, "Na faɗa, saniya ce. Amma wallahi saniyar ba ta tangaɗi."

Bayan 'yan makonni, wata safiya mai lumshi, Nazeem yana ɗaura takalmi sai ya ga Galiema tsaye da mayafi, ta rungumo matasai uku da ta ɗinka a ɓoye.

"Kada ka ce komai," ta ce. "In ka yi magana na fasa."

Oom Sakkie ne ya tuƙa. Suka fita daga tasha, iska ta cika ƙyallen, jirgin ya ɗan karkata ya kama hanya a hankali. Tun kafin su kai tsaunin Galiema ta fara amai, ta kama ƙarfen gefe da hannu biyu tana salati. Oom Sakkie ya ce ko a juya, ta girgiza kai. Da suka zagaya bayan tsaunin, ya saki ƙyallen, jirgin ya tsaya yana lilo.

"Nan ne," in ji Oom Sakkie a hankali, ya cire hularsa.

Ba komai a wurin sai ruwa mai duhu da tsuntsaye. Nazeem ya ɗaga hannu zai yi addu'a, numfashi ya ƙi, sai Galiema ta karɓa ta karanta Fatiha da ƙarfi. Da ta shafa, ta leƙa ruwan ta ce, "Riedewaan, Mamanka ce. Ka ga abin da Babanka ya sa ni." A nan ne Nazeem ya fashe da kuka, irin wanda bai yi ba tun ranar da abin ya faru. Ta jawo kansa ta ɗora a kafaɗarta, ita da take ta amai, tana bubbuga bayansa har tarin ya lafa.

Ba su ƙara fita ba. Da sanyi ya shigo Nazeem ya kwanta, kafin ruwan saman da suke samu da hunturu ya ɗauke, Nazeem ya cika, a gadonsa na gida, Galiema tana riƙe da ƙafarsa.

Jirgin ya zauna a ɗaure a tasha, Oom Sakkie yana zuwa yana kwashe masa kashin tsuntsaye. Da ya ga gwiwarsa ba za ta iya ba, ya je ya tambayi Galiema yadda za a yi.

"Ka ba wanda zai hau shi, Oom. Amma ya kai shi inda ba zan gan shi ba."

Wani malamin makaranta da matarsa suka tafi da shi can garin Langebaan. Galiema ba ta tambayi sunansu ba. A shekarar ta tattara kayanta ta koma wurin Shamiela. Idan jikoki suka matsa a kai su bakin teku ranar hutu, takan bi su, amma a mota take zama, ta ce wani ya tsaya ya kula da takalma.