Aljanin Kawu a gonar dawa

Ni fa ban taɓa cewa ina son zama aljani ba, Kawu ne ya ja ni. Wai ramata ta isa, ba sai an yi mini kwalliya ba. Jiya zoɓo ya zube mini a riga a tashar Minjibir, sai ya faɗo mini a rai, don da zoɓo da kamu yake haɗa jinin fim ɗinsa.

Finafinan ban tsoro yake yi, shi ne mai kyamara, shi ne furodusa. A wancan lokacin ba man janareta, sai ya koma ɗauka da rana tsaka a cikin dawa. Yakan ce tsoro ba duhu yake so ba, shiru yake so. Kuma wallahi har mahauta sai da suka runtse ido a gidan kallo.

Ranar ɗauka ta ƙarshe ina tsakanin kunyoyin wata gonar dawa, an shafe ni da toka, ƙudaje na bin zoɓon, sai ga mai gonar da fartanya. Ya rantse mu muka kira iskokai suka hana ruwa sauka, yau sai ya fasa kyamarar. Ita kaɗai gare mu, kuma batir na shirin mutuwa.

Kawu, Allah ya kai haske kabarinsa, ko ido bai ɗaga ba. Ya ce, "Malam, dubi aljanin nan da kyau. Tun jiya bai ga tuwo ba. Da yana da iko da ruwan sama, ai da ya fara taimakon kansa."