Ƙarar da Hamman Wanzami ya janye

Duk wanda ya yi aski a unguwar New Bell ta Duwala zamanin Faransawa ya san Hamman Wanzami, Bafulatanin Garwa, dogo kamar turken waya, mai rumfa a bayan tashar jirgin ƙasa. Hannunsa da taushi, bakinsa da nauyi. Sai ya aske ka tas ba ka ji muryarsa ba.

Da matarsa Hawa'u ta rasu, yayanta Badaru ya zo ya kwashe abu biyu: keken ɗinkinta da 'yarsu Larai. Larai kuwa 'yar fari ce, kuma Bafulatani ba ya kiran sunan ɗan fari, balle ya buɗe baki ya ce yana kewarsa.

Sai Hamman ya yi dabara. Ya taka har kotun Bonanjo ya kai ƙarar Badaru a kan keke. A cikin ƙarar ya sa tafinta ya cusa wani ɗan roƙo: kafin a yanke hukunci, a riƙa kawo masa yarinyar duk Juma'a. Da Faransanci aka faɗa, kunya kuwa ba ta jin Faransanci. Alƙali ya ce zai duba roƙon a zama na gaba.

Kafin zaman, dattawan unguwa suka tare shi a ƙofar masallaci.

"Haba Hamman! Surukinka ka kai gaban Nasara a kan ƙarfe? Kai da ko wandonka ba ka iya ɗinkewa?"

"Ba keken ba ne," in ji shi.

"To mene ne?"

Ya zuba wa takalmansa ido. Aka shafa Fatiha a kan an bar shari'a har abada. Washegari ya je ya janye ƙarar, shi a ganinsa keke kawai ya yafe.

Ranar zama ya sa rigarsa ta salla, ya ratsa ruwan Duwala da ba ya gajiya, ya tsaya gaban akawun kotu yana ɗiga.

"Baba, ai ka janye ƙara," in ji akawu.

"Ta keke na janye. Maganar Juma'a fa?"

"Roƙon nan a bayan ƙarar yake goye. Ka sallami uwa, ta tafi da goyonta. Se fini, magana ta ƙare. Sai dai ka shigar da sabuwa."

Sabuwa, bayan Fatiha? Ina!

Badaru ba mugu ba ne. Da Hamman ya je ya ce masa uffan, da ya aiko ta. Hamman bai je ba. Maimakon haka sai ya tsige rumfarsa ya kafa ta a gefen famfon unguwar su Badaru, inda ba masu aski sai sauro da taɓo. Ya rataye madubi a karkace, yadda zai kamo bakin famfo. Da safe Larai takan zo da bokiti, shi kuwa bayansa gare ta, idonsa a madubi. Mutane da yawa sun tashi daga gabansa da kai rabi fari rabi baƙi, har da ni.

Shekarar da aka kai ta aure Yawunde, muka ce masa, "Baba, koma tasha mana, can ne kasuwa."

Ya goge askarsa a gwiwa ya ce nan ya fi iska.