Usur Ɗin Masu Majigi

Da safen nan ina surfen gero, 'yata Ladi na goye a bayana. Yayana Sale ya leƙo sanye da rigar layun kakanmu, yana tambaya ko ta karɓe shi. Na ce ta fi ƙarfinsa. Ya yi dariya ya fita.

Tun farkon mako masu majigi suka sauka garinmu, kudu da Tudun Wada. Bature ne da tafintansa da injin ɗaukar hoto mai ƙafa uku. Sun zo ɗaukar labarin harin da aka kawo mana zamanin kakanni. Mu dai mun taso ana cewa kakanninmu sun tare mahara a ƙofar ganuwa. Mutanen ƙetaren rafi kuwa cewa suke rufe ƙofar aka yi, aka bar nasu a waje aka kwashe su bayi. Dagacinmu kaɗai aka tambaya. Sannan, don rashin ta ido, aka aika wa na ƙetare su zo su fito a mahara.

Tafinta ya kafa mana doka. Ko me muka gani, kada mu gudu. Wanda ya faɗi kada ya tashi sai an busa usur.

Da hantsi muka ji ganga daga rafi. Muka jeru bakin ganuwa. Injin ya fara gurnani. Na ƙetare suka taho a guje, Sale ya tare su a gaba. Kibiya ta same shi a wuya, ya faɗi. Wallahi guɗa muka yi. Na ce a raina, ashe Yaya ya iya.

Sai warin hayaƙi. Rumbun liman ya kama da wuta. Tafinta ya busa usur, ya sake busawa. Waɗanda suka faɗi da gangan suka miƙe. Sale bai miƙe ba.

"Ku gudu! Ba wasa ba ne!" Muryar liman ce.

Na faɗa gonakin dawa, ganye na yankar fuskata. Ladi na tsala ihu. Na juyo da ita gaba na toshe bakinta da mama. Azahar ta same mu a wani kwazazzabo gefen dajin Falgore. Ko kara ya motsa sai in ƙanƙame Ladi. Ban taɓa jin tsoro irin wannan ba, har yau. Da la'asar wata Bafulatana ta gan mu, ta ja mu rugarsu.

Kafin mu koma an binne Sale. Ban ga fuskarsa ba.

Da shekara ta zagayo aka kawo majigin filin kasuwa. Sun yanke gobarar. Sun bar faɗuwarsa, don ta yi kyau. Mai lasifika ya ce ga jarumtar kakanninmu, yara suka tafa. Hoton Sale ke nan guda ɗaya a duniya. Na tsaya har ƙyallen majigin ya koma fari, ina jiran a busa usur.