Zabirar Baba

Ni mai riƙo ce, ban taɓa ɓoyewa ba. Mijina na fari ya faɗa min haka, ya haɗa min da takarda. Ina zawarci a gidanmu, a wani ƙauye gefen Ba'awa, wajen ƙarshen shekarun tamanin, ciwon shanyewar ɓarin jiki ya kayar da Baba yana alwalar la'asar. Hannu da ƙafar dama suka tafi, baki ya karkace.

Baba wanzami ne, haka ƙaninsa da muke kira Baffa. Tun da wanzami ba ya iya aske ƙeyarsa, shekara talatin suna yi wa juna aski kowace Alhamis a zaurenmu. Amma gidajen suna da kaciya da ƙaho, har rugagen Fulani, na Baba ne, don shi ya gaji zabirar kakanmu da askakenta. Aikin Baffa riƙe kan jariri.

Kwana uku da dawo da Baba daga asibiti, Baffa ya shigo ya sauke zabirar daga ƙusa. "Aska ba ta son zama, Yaya, tsatsa take yi," in ji shi. Wannan na haɗiye. Na ranar Alhamis ne ya tsaya min a wuya. Zaure cike da 'yan dubiya, ya sa aka jingina Baba da bango, yana aske shi yana juya kansa da yatsa biyu kamar mai taya kabewa. Wani ya tambaya ko hannun zai tashi. Baffa ya ɗaga hannun, ya sake shi ya faɗi tim a kan tabarma.

"Wannan? Sai dai a lahira. Rabin mutum ai ba ya riƙe aska."

Ina bayan ƙyaure da kofin kunu, na ga hawaye yana bin karkataccen gefen bakin Baba. A ranar na tsani Baffa, kuma har yau ban rage ba. Shi kuwa Baba, daga nan ya hana kowa taɓa kansa da aska.

Mu a gida tausayi ya kusa sa mu ƙarasa shi. Inna ta shafe hannun da man shanu, ta naɗe shi da zane a ƙirjinsa, tana ba shi abinci a baki, ko ƙuda ba ta bari ya kora. Da muka koma asibiti a Tudun Wada, wata ma'aikaciya gajeruwa mai murya ta warware zanen tana faɗa. "Wa ya goya masa hannu? Jariri ne? Hannun da aka lallaɓa shi yake mutuwa." Ta nuna min yadda zai sarƙe yatsun hannayensa biyu, mai lafiya ya ɗaga marar lafiya har saman kai, yadda zan miƙe masa yatsu ɗaya bayan ɗaya, yadda zai tashi ya zauna, ya sake tashi, yana ɗora nauyi a kan ƙafar da ya daina yarda da ita.

Na ɗaure abin da lokutan salla don kada mu manta: bayan kowace salla, ɗagawa goma. Na rataya igiyar guga a reshen darbejiyar tsakar gida, na ɗaura masa ƙarshe ɗaya a wuyan hannu, yana jan ɗayan da hagu. Ya bi katanga daga ɗaki zuwa rumbu, yana jan ƙafa, ina binsa a baya riƙe da rigarsa. Da ciwo, don wani lokacin har gumi yake tsatsafo masa. Ranar da ya ce ya gaji, ba na rarrashi. Sai in naɗe igiyata in ce, "To huta, Baba. Dama Baffa ya ce sai a lahira." Inna takan ce ba ni da imani. Amma kafin in kai ƙofar madafa zan ji ya ce, "Uwata, dawo da igiyar nan."

Wata huɗu babban yatsa ya motsa. Na ajiye masa ƙoƙo biyu, yana tsintar wake daga wannan zuwa wancan, rabi yana zubewa kaji na samu. Daga wake muka koma dawa. A tsakanin nan Baffa ya ɗinka sabuwar riga, ya ma aiko mana da ƙafar ragon wani suna, wai a yi wa marar lafiya romo. Da kaina na kai masa abarsa, na ajiye a bakin zaurensa.

Da shekara ta zagayo Baba ya sa na zaro wata tsohuwar aska da ya soke a jinkar ɗaki. Ina shafa wa duma laka, yana kankarewa. Sharaɗinsa kada aska ta karci duman. Mun ɓata duma har Inna ta fara ɓoye nata. Suma kuwa ta taru a kansa fara fat, hula ba ta rufe ta, wanzami guda.

Wata ranar kasuwar Ƙafin Maiyaki, inda nake sayar da ƙuli-ƙuli, ya ce zai bi ni. Aka ɗora shi a acaɓa. Da sandarsa ya taka har inuwar wanzamai, inda Baffa ya shimfiɗa buzu, zabirar kakanmu a gefensa.

"Askin Alhamis nawa kake bina," Baba ya ce. "Zauna."

Baffa ya dubi hannun, ya dubi mutanen da suka fara taruwa. In ya ƙi, ya nuna tsoro a gaban abokan sana'a. Ya cire hula ya zauna. Baba ya wasa aska, ya jiƙa kan, ya fara daga goshi. Na tsaya da farantina a ka ina roƙon Allah a zuci, Ya yafe min, hannun ya ɗan goce, ko da ɗigon jini ɗaya in gani. Bai goce ba. Ɓangaren dama ya fita sumul har ƙeya, gumi na bin wuyan Baffa.

A daidai tsakiyar kai Baba ya tsaya. Ya goge askar a gwiwa, ya mayar da ita zabira, ya rataya zabirar a kafaɗa.

"Yaya, saura rabi."

"Rabin mutum ne ya yi maka. Sauran sai a lahira."

Kasuwa ta ɗauka da dariya. Ba wanzamin da zai ƙarasa kan da babbansu ya fara ba da izininsa ba, don haka Baffa ya kifa hula ya tattara buzunsa. Ban taɓa jin daɗi irin na ranar ba. Ƙuli-ƙulina kyauta na rabar.

Sai da muka isa gida, na zo karɓar zabirar, na ga yatsunsa a dunƙule, sun sandare. Na fara miƙe su ɗaya bayan ɗaya.

"A tsakiyar kan hannun ya riƙe," ya ce a hankali. "Da na ƙara ja ɗaya, da na yanka ɗan'uwana. Ni so na yi in gama masa tas, ya gani."

Ban faɗa wa kowa ba, har Baffa ya koma ga Allah yana zaton da gayya aka yi masa. Na bar shi da zatonsa, kuma ban yi nadama ba. Baba kuwa, a ranar, ya dubi hannun a cinyarsa, sannan ya ce, "Uwata, kwaɓa laka. Ɗauko duman."